Ranar Alhaji Inuwa

Ni tela ne, a Gwammaja nake zaune,
shekara sha huɗu ina taka kekena.

Wuta kan zo mana kamar baƙuwa mai kunya,
ta leƙo, ta gaishe mu, ba ta kwana.

Injin da na sayo a Sabon Gari
ya sha fetur, ya haɗa da ribar ɗinkina.

Da dare zafi ya sauko daga kwano,
Dije na fifita, yara na juyi kamar waina.

Ran nan ina yanka wuyan wata riga
sai na ji a rediyo ana wata magana:

wai gwamnati za ta biya rabin kuɗin sola,
saura a riƙa biya kaɗan-kaɗan, bisa amana.

Na ajiye almakashi, na ƙara murya.
Dije ta ce, "Malam, ko da mu a bana?"

Tun ban je ba ta fara lissafin firji:
zoɓo, ƙanƙara, kuɗin makarantar Lantana.

Da asuba na sa shaddata ta Juma'a,
na tare a-daidaita, fasfo biyu a aljihuna.

Layi ya fito har bakin kwalta.
Masu neman rana, muka yini cikin rana.

Mai cajin waya daga Kurna yana gabana,
wata ungozoma daga Ɗorayi tana bayana.

Ta ce, "Jiya da fitilar waya na karɓi haihuwa,
wayar a bakina, jinjirin a hannuna."

La'asar sakaliya na kai ga teburi.
Yaro ne mai tabarau, sa'an ƙanina.

Ya karɓi katin ɗan ƙasa, ya karɓi hoto,
ya ce, "Baba, takardar gida fa? Sai ka nuna."

Na ce haya nake, ban taɓa saɓa wata ba,
ga rasit na shekara sha huɗu, duk da sunana.

Ya ce, "Tallafin na mai rufi ne, Baba.
A kan kwanon wa za mu kafa?" Shiru ya ɗaure harshena.

Bai yi mini tsawa ba, har ruwa ya miƙo.
Ba shi ba ne, takarda ce ta hana.

Na dawo a ƙasa ta Ƙofar Mazugal,
fom ɗin da na cike ya zama maficina.

Don hira kawai na ba mai gidanmu labari.
Alhaji Inuwa ya gyara hula, ya ce, "Zauna."

Ya tambayi hawa na nawa, ofis na nawa,
ni kuma baki sake, duk na zayyana.

Mako shida sai ga mota da tsani,
farantai takwas baƙaƙe a saman ɗakina.

Waya ta bi bango, ta tsallake taga,
ta shige sashensa, ko sallama ba ta yi wa ƙyaurena.

Yanzu rana ɗaya ke faɗo wa kwanon nan:
haskenta nasa ne, zafinta rabona.

An ce tafin hannu ba ya kare rana.
Takarda guda ta kare ta, a kan idona.

Ban ce Alhaji mugu ne ba, Allah ya sani,
ya ja mini ƙwan fitila ɗaya bayan ya auna.

Dubu uku duk wata a kan kuɗin haya.
Rabin da gwamnati ta biya kuwa, har da harajina.

Duk Asabar ni ke hawa da tsumma da bokiti,
in goge kashin tantabara, a gilashin in hangi kaina.

Daga can ana ganin Dala, ana ganin Goron Dutse,
rufi bayan rufi, mai tsatsa da sabo, duk suna ƙuna.

Sai in kama ƙirga: a ƙarƙashin kwanukan nan
nawa ne masu gida, nawa ne irina?

Ungozomar nan, ban san yadda ta ƙare ba.
Ita ma haya take, ta raɗa mini a kunnena.

Dije ba ta sake tada zancen firji ba.
Zane take jiƙawa da dare ta rufa wa Lantana.

In za ku sake buga fom, ku bar layi ɗaya
ga wanda rufin ba nasa ba ne, amma nan yake kwana.